Tsiron Kan Tudu Mai Kashe Shanu

Ya ku manoma da dagatan ƙasar Bagwai, akwai wani tsiro da ya kamata ku sani, ko da yake ba ya fita a gonakinku. Turawa suna ce da shi brakin. Dangin agugu ne, watau saiwar nan da ake sha don maganin tsila. Tun 1879 masana ke kiransa Pteridium aquilinum. Ba ya fure, ba ya 'ya'ya. Irinsa wani gari ne mai laushi a bayan ganye, iska ke watsa shi. Saiwarsa kuwa a ƙarƙashin ƙasa take yaɗo.

Tudu mai sanyi da yawan ruwan sama yake so. Akwai shi a Ingila da Japan, a ƙasarmu kuwa a tsaunukan Mambila da Obudu. Dogon raninmu ya fi ƙarfinsa.

To, ina ruwanku da shi? Shanu ba su zama wuri guda. Saniyar da ta daɗe tana cinsa sai ta riƙa fitsarin jini, ta rame, ta mutu. A 1983 masanan Japan suka gano dafin. Ƙona daji ba ya kashe shi, gama wuta ba ta kai ga saiwar. Shi ke saurin tohowa bayan ƙuna, shanu masu yunwa su faɗa masa.

Saboda haka duk mai tura shanunsa tudu, ko mai sayen sa daga can, ya bincika abin da suka ci. Dagatai, ku gargaɗi makiyaya tun da wuri. Rigakafi ya fi magani.