Wa Zai Ɗaure Gwamnati In Ta Raina Kotu?



A cikin wasiƙar da Sayyidina Umar ɗan Haɗɗabi (R.A.) ya aika wa Abu Musal Ash'ari kan aikin alƙalanci, ya ja hankalinsa cewa furta gaskiya ba ya da amfani matuƙar ba za a zartar da ita ba. Mun ga ya dace mu tunatar da 'yan'uwa wannan, domin a Nijeriya mutum yakan ci shari'ar fili ya tsufa bai taka filin ba, musamman idan da gwamnati ya yi shari'ar.

Ga misalin Shangisha da Magodo a Jihar Legas. A 1984 da 1985 gwamnatin soja ta tashi mazauna wurin da hujjar za ta gina babban asibiti. Asibiti bai tabbata ba, sai aka yanka ƙasar fuloti-fuloti aka rabar ga masu ƙumbar susa. Mutanen suka shigar da ƙara a 1988. A ƙarshen 1993 Babbar Kotun Legas ta umarci gwamnati ta ba su fuloti 549. Gwamnati ta ɗaukaka ƙara ta faɗi, ta wuce Kotun Ƙoli ta sake faɗuwa a 2012. Daga nan kuma babu wata kotu. Duk da haka aka ƙara shekara goma fuloti na takarda.

Abin da ya biyo baya abin kunya ne. A Janairun 2022 'yan sandan da aka turo daga Abuja suna zagaye da unguwar don a zartar da hukuncin, Gwamna Babajide Sanwo-Olu ya je da kansa ya ce su janye, jami'in da ke jagorantarsu ya ce masa shi umarnin Sufeto Janar da Ministan Shari'a yake bi. A tsakiya kuwa ga iyalan da suka sayi filayen da kuɗinsu suka yi gini, su ma an jefa su cikin fargaba. Zalunci ɗaya ya haifi na biyu.

Kada wani ya ce babu doka. Sashe na 287 na Tsarin Mulkin 1999 ya wajabta wa kowace hukuma da kowane mutum zartar da hukuncin Kotun Ƙoli. Wanda ya ƙi bin umarni ana kai masa Fom na 48, wato gargaɗin abin da zai same shi, sannan Fom na 49, ya zo ya faɗi dalilin da zai hana a kai shi kurkuku. Talakan da ya ci iyakar gona bayan alƙali ya hana shi ya san zafin wannan sanda. Amma Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978 ta danƙa ƙasar kowace jiha a hannun gwamna, sashe na 308 kuma ya lulluɓe shi da rigar kariya muddin yana kan mulki. Wato wanda ya fi kowa ikon taɓa fili shi ne sandar ba ta kai wa gare shi. Kotu kuwa ba ta da 'yan sandan kanta.

Alhali alƙalai sun taɓa nuna cewa ba a rasa abin yi. Lokacin da gwamnatin soja ta Legas ta tura mutum kimanin 150 da makamai suka fitar da Odumegwu Ojukwu daga gidan da yake zaune a Ikoyi, shari'a tana gaban kotu, aka umarce ta ta mayar da shi ta ƙi, sai ta garzaya Kotun Ƙoli neman a dakatar da umarnin. A 1986 kotun ta ƙi biya mata buƙata, don ba ta yarda mai take umarnin kotu ya zo neman alfarmarta ba. A zamanin soja ke nan fa.

Don haka muna kira ga alƙalai su raya wannan matsayi: hukumar da ta ƙi bin umarni kan fili kada a ba ta wani sassauci sai ta bi. Muna kuma jan hankalin 'yan'uwa masu irin wannan shari'a da lauyoyinsu cewa rigar kariya ta tsaya ne kan shugaban ƙasa da gwamna da mataimakansu. Kwamishinan ƙasa da babban sakatare da daraktan da takardar ke kan teburinsa ba su da ita. A rubuta sunan jami'in a Fom na 48, a miƙa masa hannu da hannu.