Gwanar Lissafi Ma Ta Faɗa Tarko

'Yan uwa matasa, ga wata izina daga Amurka. Barbara Bouchey sana'arta ba attajirai shawara kan juya dukiya. Duk da haka ta faɗa hannun NXIVM, ƙungiyar da Keith Raniere ya kafa a 1998 a jihar New York, mai da'awar gyara rayuwar mutum ta hanyar darussa masu tsada. Shekara tara tana ciki, dukiyarta ta salwanta. Da ta fice a 2009 tare da wasu mata takwas, sai aka bi ta da ƙararraki. A 2020 kotu ta ɗaure jagoran shekara 120.

To in gwanar lissafi ta ruɗu, ina ga saurayin da ya sayar da buhunan masararsa a Funtua, ko audugarsa a Malumfashi? Da kaka ta yi za ka ga masu kwat sun kama zaure, wai za su koya maka sirrin arziki in ka biya rajista ka kawo mutum biyu. Mun manta kukan da MMM ta sa jama'a a Disambar 2016?

Alamarsu ɗaya ce: jagora ba ya kuskure, tambaya laifi, mai fita maƙiyi. Musulmi hujja yake bi. Ɗan uwa, kafin ka kwance bakin buhu, tambayi malami, tambayi mahaifinka. In ka riga ka shiga, fita ba abin kunya ba ne. Allah Ya tsare mana imaninmu da guminmu, amin.