Kason Mata Ya Tsaya A Yamai, Kurfai Ta Ji Labari

Tun ranar 7 ga Yunin 2000 Nijar take da dokar kason mata. An fara da kashi 10 cikin 100 na kujerun zaɓe da kashi 25 na muƙaman naɗi, a 2019 aka ɗaga zuwa 25 da 30. An tafa, an rangaɗa guɗa. To, a zo Filinge, ƙasar Kurfai, a nuna mini abin da dokar ta tsinana wa yarinyar yankin!

Kaso na mai takarda ne. Ita kuwa ɗiyar manomin Tondikandiya ko ta makiyayin Imanan ina za ta samo takardar? A ƙasar da, bisa alƙaluman UNICEF, kashi 76 cikin 100 na 'yan mata ake aurar da su kafin shekara 18, yawancinsu ba sa ganin ƙofar kwaleji. Ga rashin tsaro da ya rufe ɗaruruwan makarantu a jihar Tillaberi.

Malamai mata ma ba sa zama a ƙauyukan nan, kowa ya san yadda ake yi. A ɗauki malama, a turo ta ƙauye, kafin alli ya ƙare an nemo mata sauyi zuwa birni, wai ta bi mijinta. Mai uwa a gindin murhu ba ya cin tuwonsa gaya. Ban ga laifin wadda ta gudu ba: ba ɗakin kwana, ba tsaro, ga ɗan abin da ake biyan malamai 'yan kwantiragi sai an sha jira. Laifin na masu zaune a ofis ne suna ƙirga mata a takarda, aji kuwa fayau. A 2017 an yi wa 'yan kwantiragi jarrabawa, an sallami dubbai. Korar ta yi sauri, gyaran ne har yau muke jira.

Masu cewa a raba guraben koyarwa ƙabila-ƙabila kuma, su yi hattara. A jihar Uttar Pradesh ta Indiya, rigimar kaso wajen ɗaukar malamai 69,000 ta kwashe shekaru a kotu, har a 2024 babbar kotun Allahabad ta soke jerin sunayen. Haka muke so? Bakurfaye, Bazabarme, Buzu da Bafulatani kasuwa ɗaya suke ci, rijiya ɗaya suke ja a Dallol Boso. Wanda ya kawo ma'aunin ƙabila nan, fitina ya kawo.

Ma'aunin da nake kira a kai shi ne zama. A gina wa 'yan matan Filinge makarantar kwana. A ware gurabe a makarantun horar da malamai ga yaran da suka tashi a ƙauyukan nan, ko wane harshe suka sha a nono, bisa sharaɗin su koma gida su yi shekaru suna koyarwa. A biya su a kan lokaci, a ƙara musu kuɗin zaman karkara. Uban da ya ga ɗiyar maƙwabcinsa riƙe da alli zai yi tunani kafin ya cire tasa daga aji.

Hukumomin ilimi, kun ji. Mu dai mun gaji da jawabin ranar mata ta 13 ga Mayu. Malamai muke so.