Namahage ba dodo ba ne: jan hankali ga masu fassara

A zirin Oga da ke jihar Akita, a arewacin Japan, daren 31 ga Disamba dare ne na baƙi. Samarin ƙauye kan rufe fuska da kamanni mai ƙaho da fiƙa, su yafa rigar karan shinkafa, su ɗauki wuƙar katako da guga, su ratsa dusar ƙanƙara suna bin gida-gida. Suna shiga da ruri, suna cigiyar yara masu kuka da malalata. Sunansu namahage.

Ɗalibin da ya ci karo da su a littafin Faransanci, inda wani lokaci akan kira irinsu da sunan mai cin mutane na tatsuniyoyin Turai, nan take zai rubuta "dodo". A ganina wannan kuskure ne.

Mu fara da asalin kalmar. A karin harshen yankin, "namomi" shi ne tabon da yawan jin ɗumi ke bari a fata, "hagi" kuwa ɓarewa. Namahage ke nan mai ɓare tabon wanda ya share hunturu a gindin murhu bai tsinana komai ba. Sunan da kansa gargaɗi ne ga rago.

Sai kuma tarbar da ake musu. Dodon tatsuniyarmu haɗiye mutum yake yi, kowa gudunsa yake. Namahage kuwa maigida ne ke zaunar da su, ya ba su abinci da giyar shinkafa, ya roƙa wa iyalinsa afuwa, su tafi suna yi wa gidan fatan lafiya da albarkar noma. A shekarar 2018 hukumar UNESCO ta sanya wannan al'ada cikin gādon bil'adama, a rukunin ziyarar ababen bautar Japanawa masu rufe fuska.

Wani zai ce ai iyayenmu ma da dodo suke tsorata yaro mai ƙiriniya, kuma fuskar namahage ta yi kama da ta "oni", dodannin almarar Japan. Gaskiya ne, amma kama da wane ba ta wane ba ce. Tsoron kawai "dodo" ya ɗauko, ya bar baƙuncin da albarkar a baya.

Shawarata ga ƴan'uwa ɗalibai ita ce mu bar wa namahage sunansa, mu biyo shi da jimla guda ta bayani. Idan muka bi ta harshe na uku, mu koma mu binciki tushen kalma kafin mu ɗora alƙalami.