Sammore da Amanar Kara

Maganarmu ta wannan mako a kan shanu take. Tun da aka sake buɗe karar Birnin Gwari a watan Nuwamba 1924 ba mu ji irin murnar ba, in ji wani mai zolaya. Gaskiyar kwanan dai Nuwamba 2024 ne, bayan shekaru tana rufe saboda 'yan bindiga. Dabbobin da suka daɗe a dajin Kamuku da bakin kogin Mariga sun fara fitowa, wasunsu kuwa ɗauke da sammore.

Da yawa daga cikinmu sun ɗauka sammore muguwar ciyawa ce ko sammu. Alhali wata halitta ce mai rai, siririya mai wutsiya, tana iyo cikin jini, ido ba ya ganinta sai da madubin likita. Ƙudan tsando ne ke tsotso ta daga jikin dabba ya zuba wa wata. Sai saniya ta yi zazzaɓi, jininta ya ragu, ta rame, ta yi ɓari.

'Yar'uwar wannan halitta ita ke sa wa mutum ciwon barci, kuma malamanmu sun san ciwon tun da daɗewa. Ibn Khaldun ya ruwaito cewa Sarkin Mali Mari Jaɗa na biyu ya shekara biyu barci na rinjayarsa har ya rasu a 775 Hijira. Ya siffanta ciwon, amma sababinsa bai fara bayyana ba sai a 1895, da wani likita Bature, David Bruce, ya nuna a Afirka ta Kudu cewa tsando ne ke kai halittar jikin shanu. A nan Kaduna ma akwai ma'aikatar binciken cutar, wadda ta zama ta Nijeriya a 1964.

To, ga inda abin ya shafe mu. Wani falke zai sayi Berenil ko Samorin, ya raba na saniya ɗaya ga uku don tsimi. Zazzaɓin ya lafa, dabbar ta miƙe, a kai ta kara a sayar. Amma sulusin allura raunanan ƙwayoyin kawai take kashewa. Masu taurin su saura su hayayyafa, har maganin ya daina cin su. Wanda ya saya, wataƙila ma'aikaci ne da ya tara albashinsa don kiwo, bayan 'yan makonni ya ga dabbarsa ta kwanta.

A fiƙihunmu na Malikiyya wannan ɓoye aibi ne, kuma mai saye yana da ikon mayar da dabbar. Kasancewar aibin a cikin jini yake, inda dillali ba ya gani, bai sauke wa mai sayarwa nauyin faɗa ba, tunda shi ya yi allurar da hannunsa. Mai saye kuma ya nemi malamin dabbobi ya ɗiga jinin kunnenta a gilashi ya duba kafin a yi sallama.