Gizon Manhattan da Gizon Tatsuniya

A shekarar 2018 kamfanin Insomniac Games ya fitar da wasan bidiyo mai suna Marvel's Spider-Man a kan na'urar PlayStation 4. Mai wasa yakan shiga rigar jarumin da Stan Lee da Steve Ditko suka ƙirƙira a 1962. Yana lilo da zaren saƙa tsakanin benayen Manhattan, ya nufi duk unguwar da ya ga dama, yana ceton jama'a daga miyagu.

Ya kamata manazartan Hausa su ɗauki irin wannan wasa a matsayin adabi, domin yana gina tunani kamar yadda tatsuniya ke yi. Matashin Gaya ko Ajingi da ya saba da shi zai haddace lungunan Manhattan, alhali ƙila bai san cewa, bisa ruwayar tarihi, daga Gaya maƙeran Abagayawa suka taso neman tama har Dutsen Dala ba. Ga kuma Gizo mijin Ƙoƙi, mai wayo da kwaɗayi, wanda halinsa ya saɓa wa na jarumin Amurka.

Muddin sassan Hausa ba su haɗa gwiwa da masana kwamfuta ba, baƙi ne za su riƙa yi wa 'ya'yan Hausawa tatsuniya.