Neman sauyin wurin aiki: Uzurin iyali ko uwa a gindin murhu?

A watan Janairun 2024, lokacin da Babban Bankin Najeriya ya sanar da mayar da wasu sassansa daga Abuja zuwa Legas, kuma Hukumar Kula da Filayen Jiragen Sama ta bi sahu da hedikwatarta, muhawarar ta karkata ga siyasar yanki. Ƙungiyar Tuntuɓa ta Arewa da Sanata Ali Ndume sun soki matakin, gwamnati ta kare shi. Wanda aka manta da shi a hayaniyar shi ne ma'aikacin da ya riga ya biya kuɗin hayar shekara, 'ya'yansa suna tsakiyar zangon karatu, mahaifiyarsa kuma tana jinya a gidansa.

A ƙa'ida, duk wanda ya karɓi aikin gwamnatin tarayya ya amince a tura shi ko'ina a faɗin ƙasar. Sai dai Sashe na 17 na Kundin Tsarin Mulkin 1999 ya ɗora wa gwamnati nauyin ƙarfafa zamantakewar iyali. Tsakanin waɗannan biyu ne takardar neman sauyin wurin aiki take maƙalewa.

Tun da aka cire tallafin man fetur a ranar 29 ga Mayun 2023, lamarin ya ƙara tsanani. Ma'aikacin da ke Fatakwal, iyalinsa na Gusau, tukunya biyu yake ɗorawa da albashi ɗaya, ga haya biyu, ga kuɗin mota duk lokacin da zai leƙa gida. Mafi ƙarancin albashi na Naira 70,000 da aka amince da shi a watan Yulin 2024 ba ya ɗaukar wannan nauyi. Sakamakon a bayyane yake: fashin aiki ranakun Litinin da Juma'a, bashi, da yaran da ke tasowa ba idon uba.

Su ma shugabannin ma'aikatu suna da hujjarsu. Kusan kowace takarda birni take nema. Da za a amsa wa kowa, asibitocin karkara za su rasa ungozomomi, makarantun ƙauye su rasa malamai, talakan da ba ya cikin lissafin kuma shi zai ɗanɗana kuɗarsa. Sannan ba kowane uzuri ne gaskiya ba.

Babbar matsalar ita ce rashin ma'auni bayyananne. Inda amsa ta rataya ga ra'ayin darakta, mai uwa a gindin murhu ba ya cin tuwonsa gaya, marar gata kuwa takardarsa ta yi ƙura a kan tebur.

Ba sai an je nesa neman abin koyi ba. Hukumar Yi wa Ƙasa Hidima, wadda aka kafa a 1973, ta fayyace dalilan sauya wa matasa jiha: aure ga mata, rashin lafiya da matsalar tsaro, tare da takardun shaidar da ake buƙata. Tsarin bai kuɓuta daga masu zamba ba, amma aƙalla mai nema ya san ƙofar da zai bi.

Ya kamata Ofishin Shugabar Ma'aikatan Tarayya da takwarorinsa na jihohi su shimfiɗa irin wannan: jerin uzurorin da ake karɓa, kwamitin tantancewa, wa'adin ba da amsa a rubuce, da damar musanya tsakanin ma'aikata biyu masu matsayi ɗaya. Haka nan a riƙa yin sauyi a lokacin hutun ƙarshen shekarar karatu, a biya kuɗin ƙaura kafin tafiya, kuma a tabbatar da alawus ɗin zama a karkara irin wanda gwamnatin Buhari ta alƙawarta wa malamai a 2020.

Ma'aikacin da jikinsa ke ofis, hankalinsa na gida, jama'ar da ke layi a gaban teburinsa ne suke biyan farashin.